Waƙar Mutanen Ƙarƙashin Gulbi

Yaya Jidda,

Assalamu alaikum. Ina fatan kina lafiya, ke da Inna da duk mutanen Maruda. Ni nan Tamanrasset, a ƙasar Aljeriya, sai godiya. Aikin gini na tafiya, tarin da nake yi ma ya yi sauƙi, kada ki gaya wa Inna.

Saƙonki ya iso. Kin ce tun da zazzaɓin nan ya saki ƙanenmu Lawali ba ya gane kowa, har ya tambayi Inna, "Baiwar Allah, gidan wa nake?" Ranar ban iya cin abinci ba.

Kin tuna wasan da ya ƙirƙiro muna yara, in mun kai awaki fadama? Wai akwai gari a ƙarƙashin gulbi, mutanensa kan manta kansu in sun yi barci. Da safe sai a kewaye mutum, a rera masa:

"Wa ya kwana a jikin nan?
In mai gida ne, ya amsa,
In baƙo ne, ya tashi."

Sai ya faɗi sunansa, a tafa masa.

Ku ci gaba da kai shi asibiti, muna ta addu'a. Amma don Allah ki zauna kusa da shi ki rera masa waƙar. In bai amsa ba kada ki matsa masa, ki faɗi sunan a madadinsa.

Ni ma a nan, inda ba mai kirana da sunana, nakan rera ta kafin in fita aiki. Wata safiyar nakan daɗe ban amsa ba.

Allah ya ba shi lafiya.

Ƙanenki,
Albarka