Takalman Babanka

Ɗana Rosaire,

Ina gaishe ka, da fatan kana lafiya a Lewiston. Ni dai lafiyata ta gudu tun da saƙonka ya iso. Da kaina na karanta shi, a hankali, don ka san sai da na yi furfura na koyi baƙi.

Wai in aiko maka da takalman babanka masu ƙusa, za ka bar masaƙa ka shiga aikin kora gumagumai a kogi. Kanka ɗaya kuwa?

Kai ƙamshin katako kake tunawa. Ni a garin nan na tashi, ina yarinya nake wanke kwanukan masu saran itace, hannuna duk ya tsattsage don sanyi. Burodinmu ma da dusar katako muke cinsa. In jiniyar injin yanka katako ta yi kuka ba a lokacinta ba, kowace mace sai ta fito ƙofa tana jiran ta ji mijin wa. Ranar da ta zo kaina kana goye.

Ka san al'adar: wanda ruwa ya ci, a bishiyar bakin kogi ake rataye takalmansa. Ni na je na sauko da na babanka. Matan coci suka daina gaishe ni. Na ce kamfanin katako ya ɗauke mutum, ba zan bar masa ko igiyar takalmi ba. Ba don ƙafarka na ajiye su ba.

Ba zan aiko ba. Allah ya shirye ka.

Mahaifiyarka,
Lorette

Mama,

Barka da sanyi, ya ƙafa? Kin iya faɗa a takarda kamar a baki.

Ba izini nake nema ba, Mama, ki yi haƙuri. Baffa Fernand ya riga ya samar mini wuri a ƙungiyarsa, da ƙanƙara ta narke za mu fara. Masaƙa ta isa, tari nake yi kamar tsohon doki. Baffa ya ce, "Bar tsohuwa da kayan tarihinta, akwai wasu a sansani, na aro." Na gwada su. Sun ɗan yi mini yawa, ƙusoshin sun cinye, amma za su yi.

Ki gaida Gwaggo Ozite.

Ɗanki,
Rosaire

Rosaire,

Ina gaisuwa, ko da yake ba ka cancanta ba.

Za su yi? Ka gaya wa Fernand, wanda ya tsaya a gaɓa yana kallon ɗan'uwansa na nutsewa, kada ya kuskura ya tako ƙofata. Takalmin aro a kan jiƙaƙƙen gungume kabari ne.

Na kai na babanka wurin maƙeri an sake musu ƙusa, na shafe su da kitse. Suna cikin motar wasiƙu. Ka sa safa biyu.

Ban yafe ba. Ka dawo mini da su a ƙafarka. Na tsufa da hawan bishiya.

Mahaifiyarka