Fim ɗin matan fasa dutse

Wuse, Abuja
9 ga Maris, 2006

Yaya Badamasi,

Assalamu alaikum. Ina fatan kuna lafiya a Funtuwa. Yaya ƙafar Inna? Zulai da yara fa?

Ni lafiyata lau. Hannun dama ne kawai a ɗaure, likita ya ce wata biyu. Kada Inna ta ji.

Na samu takardarka da ka ce in goge fim ɗin da na ɗauka na matan da ke fasa dutse a bayan Bwari, wai don mai kamfanin da suke yi wa aiki, Alhaji Tawfiq, amininka ne. Yaya, shekara guda na yi ina bin matan nan da kyamara. Wata Rekiya tsakuwa ta tsone mata ido. Da ta je wurin Alhajin naka, cewa ya yi, "Ai da ɗayan ma kina ganin dutse." Ina tsaye, kyamara a kunne.

Kwana uku bayan takardarka, ƙarti huɗu suka shigo ɗakina, suka farfasa kyamarar, suka taka min hannu. Duk duniya kai kaɗai na ba adireshin ɗakin nan. Ba tambayarka nake yi ba, sanar da kai nake.

Ga atamfa nan ka ba Inna, Allah ya ƙara mata lafiya. Kai kuwa, kada ka sake rubuto min.

Kaset ɗin yana hannun abokin aikina tun kafin su zo. Ranar Asabar za mu haska shi a ƙauyen matan. Ka gaya wa amininka muryarsa ta fito tar.

Ƙaninka,
Lukmanu