Huhun Orvokki Ya Fito Fes

Heinola, 9 ga Maris, 1953

Zuwa ga Yaya Hilja,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ki lafiya, ke da mai gidanki Toivo, ya kuma tsare shi a ramin ma'adinan nan na Sudbury a Kanada. Mu nan lafiya lau, sai ƙafar mai gidana Urho da ke tashi in sanyi ya tsananta.

Yaya, akwai abin da na ɓoye miki wata biyar, sai yau na iya rubutawa. 'Yarki Orvokki da kika bar mini amana ta kwanta ciwon huhu, amma ta tashi. Jiya likita ya ɗaga hoton ƙirjinta ya ce babu tabo ko ɗaya. Kin san mutanen Kanada ba sa karɓar mai tabo a huhu, da an ga tabo da tafiyarta wurinki ta fasa. Da na ji, sai da na nemi kujera na zauna.

Ga yadda aka yi. A bikin tsakiyar bazara ta shiga gasar kyau a bakin tafki, sanye da rigar da na ɗinka da yadin da kika aiko, ta zo ta ɗaya. Urho, wanda ya rantse ba zai je kallon shirme ba, shi ya fi kowa tafi. Sai wasu masu fim suka neme ta zuwa babban birni Helsinki, ni kuma na yarda, laifina ne. Ashe labarin bazara suke ɗauka a watan Oktoba, ga sanyi ya riga ya shigo. Suka jera 'yan mata a bakin ruwa da riguna shara-shara, suka ba kowacce ƙanƙara ta tsotsa don kada tururin numfashi ya fito a hoto. Kwana uku ana haka. Ta dawo tana tari kamar za ta tsage, kullum ina lissafin da wane baki zan gaya miki.

Makon jiya aka nuna fim ɗin a garinmu. Yaya, ƙeyarta kawai aka nuna da kitsonta, kafin ki ƙifta ido ta wuce. Urho ya ce ƙeyar nan ta fi fuskar tauraruwar kyau, ya koma washegari don ya tabbatar. Orvokki kuwa dariya ta yi har da hawaye, ta ce, “Inna, ashe saboda ƙeya na kusa mutuwa.” Ta ce ita da fim har abada.

Jirgin da zai kai ta wurinki zai tashi a watan Mayu. Ki tanadar mata rigar ulu, kada ki yarda in ta ce ba ta jin sanyi, ƙarya take yi. Na yi murna ƙwarai, amma ba zan ɓoye miki ba, shekara shida ni nake yi mata kitson nan. In an sake kawo fim ɗin, ni ma zan bi Urho.

Ki gaida Toivo da ƙaninsa Reino da matarsa Aune. Urho ya ce a gode da kofi.

Taki ƙanwa,
Impi