Na Faɗaɗa Mata Ramukan Maɓalli a Ɓoye

Anti, don Allah ki taimake ni, ba ni da wanda zan faɗa wa wannan.

Ni mai ɗinki ce, shekarata arba'in da ɗaya. Mu biyu ne a gidan, ni da 'yata mai shekara goma sha biyu, wadda hannunta na dama ya shanye tun tana jaririya. Ni nake sa mata kaya. Watan jiya muka kalli wani fim ɗin katun, na ɗan jaki mai ƙafa uku da ya ƙi a ɗora shi a amalanke, ya tsallake gada da kansa. Ni kuka na yi. Ita kuwa washegari ta ce kada in ƙara taɓa mata maɓallan rigar makaranta.

Ina da littafin da nake rubuta komai. Ranar farko minti ashirin da biyu ta yi tana fama. Rana ta biyu minti sha tara, yatsunta sun yi ja, ina laɓe bayan ƙofa kamar baƙuwa. Rana ta huɗu na ɗauki almakashi na faɗaɗa ramukan, na daje bakinsu yadda ba za ta gane ba. Da safe minti shida. Ta fito tana tsalle, wai in tafa mata. Na tafa. Sai ga shi rigar ta ɓalle a aji, yara suka yi dariya, ta duba ta gane ɗinkina.

Kwana tara ke nan, daga gaisuwa ba ta ƙara komai. Ni kaɗai nake cin abinci. Ita na tausaya wa, Anti, ko kaina, da na kasa jure kallo?

Uwa mai ɗinki

'Yar'uwa, duka biyun ne, kuma babu uwar da za ta ga baƙinki. Amma dubi ɓangarenta. Dariyar yara za ta wuce. Tafin nan ne ya tsaya mata a rai, don kin tafa wa nasarar da kika san ba tata ba ce.

Ki ba ta haƙuri kai tsaye, ban da “ai don ke na yi”. Sauƙaƙa riga ba laifi ba ne, ɓoyewar ce laifi. Ki ajiye zare da allura a gabanta, ta zaɓi yadda take son ramukan. Ki riƙa tashinta da wuri, sannan ki bar bayan ƙofar nan, ki je ki haɗa karin kumallo. Ke ma ki nemi wata abokiyar sana'a ki riƙa fita wurinta, shirun gidan ya yi miki yawa.

Watarana da bakinta za ta ce, Umma zo ki kama mini. Ki jira wannan kiran. Allah ya daidaita tsakaninku.