Godiyar da Ake Yi wa Inna a Maitama

Lugbe, Abuja

Yaya Zakiyya,

Assalamu alaikum. Ina fata kina lafiya. Ya Zariya, ya jikin ɗana Badaru? Mu nan alhamdu lillahi.

Yaya, akwai abin da ban faɗa wa kowa ba: haushin yaran gidan da Inna take yi wa girki a Maitama nake ji. 'Yan Japan ne. A hutun nan na bi ta ina taya ta wanke-wanke. Kafin su ci abinci sai su haɗa tafin hannu su ce "itadakimas". In sun gama, ƙaramar ta leƙo kicin, ta sunkuyar da kai ta ce wa Inna "gocisosama". Madam, uwar yaran, ta ce na farkon godiya ce ga abincin da duk wanda ya wahala a kansa, tun daga manomi. Na biyun kuma na wadda ta dafa ne. Ko ƙwayar shinkafa ba sa bari a kwano. Yaya, Inna har dariya take yi a gidan can. Yaushe rabonki da ganin haƙoranta?

Mu kuwa kin sani. Ta sauko daga mota a gajiye ta ɗora tuwo, Baba ya ce ba gishiri, Sadisu ya ture kwano ya tafi kallon ƙwallo.

Ki gaida mai gidan.

Ƙanwarki,
Juwairiyya

Yaya Zakiyya,

Bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya. Mu dai da sauƙi.

Ranar Juma'a da muka gama cin dambu na yi ƙarfin hali. Na haɗa hannu, na sunkuya wa Inna, na ce mata "gocisosama". Sadisu ya yi dariya har ya ƙware. Baba bai yi ba. Ya ce ashe bautar mutum ake koya wa 'yarsa a gidan can. Ya hana Inna komawa aiki. Madam ta aiko direba, ya juya shi kaɗai.

Inna ba ta yi min faɗa ba. Da ma ta yi. Ta dai naɗe rigar girkinta ta sa a ƙasan akwati.

Abin da ke ci min rai, ashe ba sai na aro na Japan ba. Muna da "sannu da aiki", muna da "Allah ya saka da alheri". A gidanmu ne kawai ba a faɗa mata, har na manta akwai su.

Yanzu nakan jira kowa ya tashi, in kwashe kwanuka, in zauna kusa da ita bakin murhu in ce sannu da aiki, Inna. Ba ta amsawa tukuna. Gobe ma zan faɗa.

Ki sa mu a addu'a.

Ƙanwarki,
Juwairiyya