Rijiyar Bayan Waya

Bayan Waya, Maiduguri.

Zuwa ga yayata, Ya Bintu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara da sauran 'yan uwa na nan Diffa. Yaya nauyin jiki? Allah ya sauke ki lafiya. Na ba direba wannan takarda ne domin wayarmu ɗaya da Baban Yagana, kuma abin da ke raina ba na son ya ji tukuna.

Iya ba ta da lafiya. Ƙafafunta sun kumbura, ko kunu ba ya zama a cikinta. Kada ki ce za ki kamo hanya da tsohon ciki, muna kai ta asibiti. Likita ya ce ƙoda ce, sannan ya tambaye ni wane ruwa take sha. Tambayar nan ce ta hana ni sukuni.

Ba ki taɓa ganin sabon gidanmu ba. Unguwar a da ƙaramin sansanin jiragen soja ne, aka rufe shi da al'amura suka lafa. Alhaji Tahir dillali, aminin marigayi surukina, shi aka ba kwangilar share wurin, shi ne kuma ya yanka filaye ya sayar. Ya ce saboda zumunci ya zaɓa mana na kusa da inda jirage ke shan mai, wai ƙasar wurin ta fi ƙwari. Muka yi ta zuba godiya kamar waɗanda aka ba kujerar Makka.

Tun da muka tare ban ga abin da ya yi albarka a ƙasar nan ba. Darbejiyar da na dasa ta bushe, darbejiya fa, wadda ko a kan dutse takan rayu. Awakin maƙwabciyata Rebeka sai ɓari suke yi. In an yi ruwan sama, kududdufi ya yi ta kumfa, da wani maiƙo a kansa. Ruwan rijiyarmu kuma yana ɗan warin kalanzir. To kin san Iya da randarta: kullum sai ta kife ta a kan kasko ta turara ta da kajiji kafin a zuba ruwa. Ƙamshin ya danne warin. Ni da Baban Yagana a makaranta muke wuni muna shan na leda. Iya da Yagana su ne masu shan randa.

Shekaranjiya Hajiya Rumaisa'u, matar Alhaji Tahir, ta zo duba Iya, ta taho da jikanta. Yaron ya ɗauki moɗa zai kai baki, ta kaɓe masa hannu har moɗar ta yi tsalle. Wai mura yake yi. Ya Bintu, ni ba yarinya ba ce. Mutanen nan sun san wani abu.

Ki sa Iya a addu'a. Yagana tana gaishe ki.

Taki ƙanwa,
Rahmat

*

Bayan Waya, Maiduguri.

Ya Bintu,

Assalamu alaikum. Yaya haƙuri? Yaya jego, yaya jaririya? Na ji an sa mata sunan Iya, na yi kuka na kuma gode. Allah ya raya ta, ya jiƙan mai sunan, ya sa Aljanna ce makomarta.

Yanzu na san abin da suka sani. Mijin Rebeka ya sa a haƙa masa masai, masu haƙa suka ci karo da murfin tankin ƙarfe, cike da man jirgi da ya ruɓe yana tsiyaya cikin ƙasa. Ashe biyan Alhaji aka yi ya tone tankunan ya kwashe su. Shi kuwa ya yanke bututun da ido ke gani ya sayar wa masu tsofaffin ƙarafa, ya tura yashi a kan sauran. A kan wannan muka gina gida, a gefensa muka haƙa rijiya.

Baban Yagana ya tafi wurinsa a fusace, ya dawo a sanyaye. Alhaji ya dafa masa kafaɗa, ya ce komai ƙaddara ce, ya ce mu yi shiru kada darajar unguwa ta faɗi. Zai samo wanda zai sayi gidanmu, ya nema mana wani a Old Maiduguri. Har ya samo mai sayen, wani Malam Pindar, ma'aikacin coci, mai 'ya'ya ƙanana reras. An rufe ramin masan, an lallashi mijin Rebeka da irin wannan alkawari.

Mijina ba mugu ba ne, tsoro ne ya kama shi. Ya ce gidan nan shi ne guminsa gaba ɗaya, in magana ta fita ko kaza ba mai ba mu a kansa. Na saurare shi har ya gama, ya ɗauka na yarda.

Ban yarda ba. Ni na wanke Iya, na ga abin da ruwan nan ya yi wa jikinta. Alhaji Tahir ya zo jana'iza ya tsaya a sahun gaba, har da share ido. Na tsane shi, Ya Bintu, tsanar da ban san zuciyata za ta iya ɗauka ba. Malamai su yi ta cewa a yafe. Ni dai ina jiran sadakar arba'in, domin na san ba zai ƙi zuwa ba.

Ki shafa min kan takwarar Iya.

Ƙanwarki,
Rahmat

*

Bayan Waya, Maiduguri.

Zuwa ga Ya Bintu,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki da kyau, ina gaida maigidan, da fatan jaririya tana ƙara wayo. An yi sadakar Iya jiya, mutane sun taru sosai, Allah ya ba su lada.

Alhaji Tahir ya zo, cikin babbar riga fara ƙal. Bai ko ji kunya ba ya taho da Malam Pindar, wai ya yi ta'aziyya ya kuma ƙara ganin gida. Aka shimfiɗa masa darduma kusa da liman. Na leƙa ta zaure na ga ana raba dabino, ya ɗiba yana ci.

Sai na zura guga a rijiya da hannuna, na cika ƙwaryar Iya, ba turare ba komai. Na yafa mayafi na fita cikin maza. Baban Yagana ya zaro ido, ban kalle shi ba. Na durƙusa gaban Alhaji yadda 'ya take yi wa uba, na gaishe shi, na ce ga ruwan gidan da ya zaɓa mana, ya sha ya sa wa Iya albarka. Kin san ba mai mayar da ruwan gidan makoki a gaban jama'a.

Ya dubi ƙwaryar, ya dube ni. Hannunsa ya taso ya koma. Ni kuwa na ƙi tashi, na ƙara miƙa masa har kusa da gemu. Can sai ya ce azumi yake yi. Ya Bintu, da ƙwallon dabino a tafin hannunsa!

Liman ya karɓi ƙwaryar ya sansana, ya miƙa wa na kusa da shi. Haka ta yi ta yawo daga tabarma zuwa tabarma, kowa ya kai hanci sai ya kawar da kai. Mijin Rebeka ya kasa daurewa, ya miƙe ya faɗi maganar tanki. Malam Pindar ya riƙe ƙwaryar ya daɗe, sannan ya ajiye ta a gaban Alhaji, ya yi min godiya ya sa takalmansa. Alhaji ya fita ta bayan rumfa, ba wanda ya raka shi. Yau da safe mutanen unguwa sun cika ƙofar gidansa, kuma an kai ƙara.

Cinikin gidanmu ya mutu, na sani. Baban Yagana bai ci abincina ba tun jiya. Ya tambaye ni ko yanzu na huce. Ban huce ba. Kunyar wuni ɗaya ba ta biya min uwa ba.

Yarinyar da ta miƙa miki wannan takarda Yagana ce, kada ki ce ba ki gane ta ba don ta rame. Likita ya ce ita ma a sa ido a kan ƙodarta. Maganinta na cikin ɗaurin zanenta. Ki riƙe min ita a wurinki, ki ba ta ruwa mai kyau, in ta yi kukana ki ce ina tafe. Amma ba yanzu ba. Ina nan zaune a kan tankin nan har sai an tone shi a gaban idon Alhaji Tahir.

Allah ya sada mu da alheri.

Taki har kullum,
Rahmat