Jinin da na gado wurin Inna

Talata da dare, 9 ga Yuli. Unguwar Badariya.

Yau na karɓo sakamakon gwajin jini a wurin awo. Nas ta ce rukunin jinina nagetif ne, na maigidana Malam kuma fozitif. In ɗan cikin ya ɗauko na ubansa, jikina na iya yaƙarsa. Akwai allurar da ke hana haka, amma tun ɓarin da na yi bara ya kamata a yi min ita. Ba wanda ya gaya min. Sai mako mai zuwa za a san ko an makara.

Ta tambaye ni ko mahaifiyata ta taɓa rasa 'ya'ya. Jarirai biyar Inna ta binne a Argungu, har ake ce mata mai wabi. Ta sha rubutu, ta sha sassaƙe. Ni aka sa min Ayashe, wai ko mutuwa ta raina ni. Wataƙila jininta na ɗauko, shi ya sa na tsira.

Ɗazu Inna ta kira ni. "Ayashe, mi anka gani wurin awon?"

Na ce, "Lahiya lau, Inna."

Da wane baki zan ce mata wataƙila allura ce kawai tsakaninta da kaburburan nan?